Ranar da Mac ta daina buɗe tsofaffin manhajoji: nazarin abin da ya faru da macOS Catalina

A ranar 7 ga Oktoba, 2019, kamfanin Apple ya saki macOS Catalina, wato fitowa ta 10.15 ta babbar manhajar da ke tafiyar da kwamfutocin Mac. Duk wanda ya karɓi sabuntawar a wannan makon, ya kuma leƙa jakar manhajojinsa bayan kwamfutar ta gama aikinta, yana iya tarar da wasu daga cikinsu an ɗora musu da'ira mai gicciyen layi, alamar da ke nufin ba shiga. Ba a goge masa komai ba, takardunsa da hotunansa suna nan inda ya bar su, kuma furosesar Intel, wato ƙwaƙwalwar da ke aiwatar da umarni a cikin kwamfutar, tana nan da ikon karanta tsofaffin umarnin kamar yadda ta yi jiya. Abin da aka janye shi ne kayan aikin da tsofaffin manhajojin suke jingina da su a cikin babbar manhajar, don haka duk manhajar Mac da aka gina a kan tsarin bit 32 ta daina buɗewa gaba ɗaya, kuma babu wani maɓalli da aka bari wanda mai kwamfuta zai danna ya dawo da ita.

Bambancin bit 32 da bit 64, a taƙaice, bambanci ne na faɗin lambar da manhaja take amfani da ita wajen nuna gurbin da ta ajiye abu a ma'adanar aikin kwamfuta. Lamba mai bit 32 iyakarta gurabe 4,294,967,296, wato gigabait 4, kuma manhajar da aka gina a kanta ba za ta wuce nan ba ko da kwamfutar tana da ninkin hakan sau takwas. Ga mai buga wasiƙa wannan ba matsala ba ce, amma ga mai tace bidiyo ko mai haɗa sauti takura ce ta gaske. Sai dai ba wannan iyakar ce ta sa Apple ya yanke hukuncinsa ba, domin manhajar lissafin kuɗi da ba ta taɓa buƙatar gigabait ɗaya ba ita ma an rufe mata ƙofa tare da sauran.

Yadda aka zo nan

Tushen lamarin ya girmi Catalina da fiye da shekara goma. Apple ya fara sayar da Mac mai furosesar bit 64 tun 2003, da Power Mac G5, amma da ya koma furosesar Intel a Janairun 2006, kwamfutocin farko da ya fitar sun zo da Core Duo, wadda bit 32 ce. Kafin shekarar ta ƙare an fara maye gurbinta da Core 2 Duo mai bit 64, sai dai waɗannan 'yan watannin sun isa su ɗora wa kamfanin wani nauyi da ya ɗauka har shekara 13: dole kowane sashe na babbar manhajar da manhajoji ke kira ya kasance kashi biyu, ɗaya na bit 32, ɗaya na bit 64, a gina su tare, a gwada su tare, a kuma toshe ɓarakar tsaro a cikinsu tare.

Akwai kuma batun Carbon, wanda a ganina shi ne zuciyar labarin. Lokacin da Apple yake shirin barin tsohuwar babbar manhajarsa zuwa Mac OS X, manyan kamfanoni irin su Adobe da Microsoft ba su yarda su sake rubuta manhajojinsu daga tushe ba, shi ya sa a 1998 aka gabatar da Carbon a matsayin gada, wato tarin kayan aikin da ya ba tsohon rubutu damar tafiya a kan sabon tsari da ɗan gyara kaɗan. A gefensa akwai Cocoa, wadda ita ce hanyar da Apple yake so kowa ya bi a ƙarshe. A 2006 an ba masu rubuta manhaja fahimtar cewa Carbon zai samu cikakken nau'in bit 64, amma a taron masu rubuta manhaja na Apple na 2007 aka janye wannan alkawari game da ɓangaren da ke zana tagogi da maɓallai. Tun daga ranar, duk manhajar da ke tsaye a kan Carbon ba ta da hanyar zuwa bit 64 sai an sake rubuta fuskarta baki ɗaya da Cocoa. Adobe, da duk ƙarfinsa, ya fitar da Photoshop CS4 mai bit 64 a Windows kaɗai, sai a CS5 na 2010 masu Mac suka samu nasu. Idan kamfani irin wannan ya ɗauki shekaru, ana iya kwatanta halin wanda ma'aikatansa ba su wuce biyar ba, kuma rubutun manhajarsa ya faro tun shekarun 1990.

Apple yana da hujjar fasaha da ba za a raina ba. Tsohon tsarin harshen Objective-C da manhajojin bit 32 suke amfani da shi a Mac yana da wani rauni: idan Apple ya ƙara wani abu a cikin ginshiƙan da manhajoji suka ɗora nasu ginin a kai, ginin na sama yana iya rushewa, kamar mai soro da ya faɗaɗa katangar ƙasa bayan wani ya riga ya ɗora bene a kan tsohon awo. Wannan ya tilasta wa injiniyoyinsa bin zagaye-zagaye na shekaru. Sabon harshen kamfanin kuma, Swift, wanda ya fito a 2014, ba a taɓa gina manhajar Mac mai bit 32 da shi ba. Wayoyin iPhone sun riga sun yi wannan ƙaura da iOS 11 a Satumbar 2017. Saura Mac.

Gargaɗin da ya je wa wanda ba shi da magani

Ba za a ce an yi wa mutane ba-zata ba. A taron masu rubuta manhaja na Yunin 2017 Apple ya ce High Sierra, wato fitowa ta 10.13, ce za ta zama ta ƙarshe da za ta tafiyar da manhajojin bit 32 ba tare da wata tawaya ba. Daga Janairun 2018 shagon manhajojin Mac ya daina karɓar sabuwar manhaja sai mai bit 64, daga Yuni kuma sharaɗin ya hau kan sabuntawa. A Afrilun 2018, a kan fitowa ta 10.13.4, kwamfutoci suka fara nuna saƙo sau ɗaya idan an buɗe tsohuwar manhaja, cewa ba a daidaita ta da wannan Mac ɗin ba, kuma mai ita yana buƙatar sabunta ta. A Yunin 2018 aka faɗa ƙarara cewa Mojave, fitowar da Catalina ta gada, ce ta ƙarshe, kuma a cikinta saƙon ya riƙa dawowa bayan kowane kwana 30. Hatta manhajar da ke girka Catalina tana jero wa mutum tsofaffin manhajojin da ya yi amfani da su kwanan nan kafin ya amince a ci gaba.

Inda nake ganin gargaɗin ya gaza shi ne wanda aka aika wa. Saƙon yana fitowa ne a gaban akanta ko mai ɗaukar hoto, yana gaya masa cewa wani mutum dabam, wanda bai taɓa gani ba, ya kamata ya yi wani aiki. Idan kamfanin da ya rubuta manhajar yana raye kuma yana samun riba da ita, to gyara yana tafe, saƙon bai ƙara komai ba. Idan kuwa kamfanin ya rufe, ko an saye shi, ko ya koma wata sana'a, babu abin da mai kwamfutar zai yi illa ya danna amincewa ya ci gaba da aikinsa, tunda manhajar tana buɗewa lafiya. Shekara ɗaya da rabi ana nuna wa mutane saƙon da babu abin da ke biyo bayansa, har ya zama kamar kukan kurciya a kunnen wanda bai san jawabi ba ne. Ga shi kuma saƙon bai faɗi abin da ya fi muhimmanci ba, wato cewa fayilolin da aka tara da manhajar su ma suna iya zama abin da ba mai buɗewa.

Waɗanda abin ya faɗa wa sun kasu, kuma asararsu ba iri ɗaya ba ce. Masu Microsoft Office 2011 sun fi kowa yawa a bakin mutane, amma nasu ya fi sauƙi: Microsoft ya daina kula da wannan fitowar tun Oktoban 2017, Office 2016 ta koma bit 64 a 2016, kuma sabuwar tana buɗe tsofaffin takardun Word da Excel. Kuɗi ne kawai za su fita. Masu Adobe CS6 nasu ya fi ɗaci, domin CS6 ta 2012 ita ce ta ƙarshe da ake saya sau ɗaya a mallaka, daga 2013 kuwa sai biyan wata-wata na Creative Cloud. InDesign CS6, wadda masu tsara littattafai da mujallu suka dogara da ita, bit 32 ce a Mac, ta tsaya cak. Photoshop CS6 ita kanta bit 64 ce, amma manhajar girka ta da wasu sassan tabbatar da lasisi bit 32 ne, don haka wanda ya goge kwamfutarsa ya sa Catalina ba shi da hanyar mayar da abin da ya saya da kuɗinsa. Wannan ɓangaren ne ya fi shafar irin mutanenmu da ke sayen MacBook na hannu don aikin zane ko bidiyo, domin biyan dala kowane wata ga mai samun naira wani lissafi ne dabam da na mai zaune a Kalifoniya.

Sai kuma na'urorin da ake jonawa da kwamfuta. Sikana ko firinta ba ta tsufa da saurin manhaja, amma ba ta aiki sai da direbanta, wato ƙaramar manhajar da ke fassara tsakaninta da kwamfuta. Masu tsofaffin sikanonin ScanSnap na Fujitsu sun tarar cewa manhajar da suka saba da ita bit 32 ce, sabuwar da ta gaje ta kuma ba ta san na'urorinsu ba, alhali na'urorin lafiyarsu ƙalau. Wasu suka koma VueScan, manhajar wani kamfani dabam da ke tafiyar da tsofaffin sikanoni, kafin Fujitsu ya fitar da nau'in bit 64 na tsohuwar manhajar a 2020. Masu tace bidiyo kuma matsalarsu ta ɓuya ne a cikin fayilolin kansu. QuickTime 7, tsohon tsarin bidiyo na Apple, ya tafi da zuwan Catalina, kuma akwai tsofaffin nau'o'in bidiyo da babu abin da ke warware su sai kayan aikinsa. A nan Apple ya yi abin da ya dace, domin a farkon 2019 ya sa wa Final Cut Pro, manhajarsa ta tace bidiyo, hanyar gano irin waɗannan fayiloli da juya su zuwa sabon nau'i, da sharaɗin a yi hakan kafin a bar Mojave. Wanda ya ajiye aikin shekarun baya a wani faifai cikin durowa bai tuna da shi ba sai daga baya, shi ya san abin da ya gani.

Apple bai bar nasa ba ma. Aperture, manhajarsa ta ƙwararrun masu hoto wadda ya daina bunƙasawa a 2014, ta daina aiki a hukumance daga Catalina, kuma a cikinta akwai mutanen da suka zuba gyare-gyare da tsarin hotuna na shekaru. A ɓangaren wasanni kuwa, kamfanin Valve ya mayar da Steam, manhajar shagonsa na wasanni, ita kanta bit 64, amma bai yi wa tsofaffin wasanninsa na Mac irin su Half-Life 2 da Portal haka ba, kuma ɗimbin wasannin wasu kamfanoni sun bi sahu, tunda wasan da aka gama sayarwa shekara bakwai da suka wuce ba shi da wanda zai biya kuɗin sake gina shi.

Hanyoyin da mutane suka bi

Mafita ta farko, wadda kamfanonin kayan sauti da yawa suka ba abokan cinikinsu shawara a lokacin, ita ce kada a sabunta. Mai ɗakin haɗa sauti yana iya samun ƙananan manhajojin ƙari masu yawa daga kamfanoni daban-daban, kuma ɗaya ta ƙi aiki ta isa ta hana tsohon aiki buɗewa yadda aka bar shi. Zama a Mojave ya yi aiki, amma na ɗan lokaci ne, domin Apple ya saba ba da gyaran tsaro ga fitowa uku ne kawai, ta yanzu da biyun da suka gabace ta, kuma na Mojave ya ƙare a 2021. Daga nan kwamfutar da ke riƙe da lissafin kamfani ta zama wadda bai kamata a bar ta a intanet ba. Masu wasanni ma da suka fake a nan an iske su, domin a Fabrairun 2024 Steam ya daina tallafa wa High Sierra da Mojave.

Ta biyu ita ce raba faifai. Tsarin ajiya na APFS ya sauƙaƙa buɗe wani sashe a faifai ɗaya, a sa Mojave a can, Catalina a nan, mutum ya zaɓi wadda zai shiga idan ya kunna. Wannan ya dogara da tsohuwar kwamfuta, saboda Mac ba ta tashi da babbar manhajar da ta girmi wadda aka fito da ita a kanta. MacBook Pro mai inci 16 da ta fito a Nuwamban 2019, wata ɗaya kacal bayan Catalina, ba ta karɓar Mojave ko kaɗan. Don haka wanda kwamfutarsa ta mutu a 2020 ya shiga wani hali na ban mamaki, yana neman tsohuwa a kasuwar na hannu alhali yana da kuɗin sabuwa.

Ta uku, wadda ta fi tsabta a lokacin, ita ce kwamfuta cikin kwamfuta. Da Parallels Desktop ko VMware Fusion ana iya kunna Mojave a cikin taga ɗaya a kan Catalina, tsohuwar manhajar ta zauna a ciki tana zaton tana kan na'urarta, kuma lasisin Apple ya halatta hakan a kan Mac tun zamanin Lion, fitowar 2011. Ga manhajar lissafi ko ta buga takardu wannan ya wadatar. Ga wasanni da duk abin da ke buƙatar ƙarfin zane bai wadatar ba, domin macOS da ke cikin irin wannan taga a wancan lokacin ba ta samun cikakken amfanin katin zane. Game da Aperture kuwa, wata ƙaramar manhaja ta kyauta mai suna Retroactive ta fito a makonnin farko, tana yi mata kwaskwarima har ta buɗe a Catalina, abin da ya nuna cewa tazarar da ke tsakaninta da sabon tsarin ba ta kai yadda aka zata ba.

Labarin da ya fi koyar da yadda abin yake a ciki shi ne na CodeWeavers, kamfanin da ke yin CrossOver, manhajar da ke tafiyar da manhajojin Windows a Mac ba tare da Windows ba, wadda aka gina a kan wani tsari mai kwaikwayon kayan aikin Windows da ake kira Wine. Yawancin abin da abokan cinikinsa ke buƙata manhajojin Windows ne masu bit 32, don haka Catalina ta zo masa da barazanar rufe kasuwa. Abin da injiniyoyinsa suka yi shi ne gyara manhajar da ke juya rubutu zuwa umarnin na'ura, ta yadda umarnin bit 32 zai gudana a cikin manhaja mai bit 64, duk lokacin da tsohuwar manhajar ta nemi wani abu daga babbar manhajar sai a juya buƙatar zuwa bit 64, a kuma juyo da amsar. CrossOver 19 ta fito da wannan a Disambar 2019. Sakamakon ya zo da abin dariya mai ɗaci: nau'in Windows na tsohon wasa yana iya tashi a sabuwar Mac, nau'insa na Mac da aka rubuta musamman dominta kuwa ba ya tashi. Dalilin shi ne Wine yana ɗauke da nasa kwafin kayan aikin Windows, wanda aka shafe shekaru ana rubutawa, alhali babu wanda ya taɓa yi wa Carbon da tsohuwar Cocoa irin wannan hidima har ta kai ga amfani.

Kwatanci da Microsoft yana da amfani a nan, ko da yake bai kamata a mayar da shi gasar wane ya fi kirki ba. Windows mai bit 64 tana ɗauke da wani sashe mai suna WOW64 wanda ke tafiyar da manhajojin bit 32, kuma yana nan har a Windows 11, ga kuma ɗimbin ƙananan gyare-gyare da ke sa babbar manhajar ta yi wa wata tsohuwar manhaja irin halin da ta saba gani. Microsoft yana yin haka ne saboda manyan masu sayensa bankuna ne da ma'aikatu da masana'antu, waɗanda ba za su sabunta ba idan manhajar da aka rubuta musu shekara ashirin da suka wuce za ta tsaya. Shi ma yana da inda ya ja layi, domin manhajojin bit 16 na zamanin DOS da Windows 3.1 ba su taɓa tashi kai tsaye a Windows mai bit 64 ba, kuma Windows 11 ta 2021 ba ta da nau'in bit 32. Apple kuwa kuɗinsa a sayar da na'ura yake, kuma ya saba yanke tsohon reshe: Rosetta ta farko, wadda ta tafiyar da manhajojin PowerPC, wato furosesar Mac ta kafin Intel, a kan Intel daga 2006, an cire ta a Lion a 2011.

Wata takwas bayan Catalina, a Yunin 2020, dalilin gaggawar ya fito fili, lokacin da Apple ya sanar da barin Intel zuwa furosesar da ya ƙera da kansa. Kwamfutocin M1 sun iso a Nuwamba tare da Rosetta 2, wadda ke fassara manhajojin Intel, kuma ta yi aikinta da kyawun da ya ba mutane da yawa mamaki. Ina ganin wani ɓangare na wannan nasara ya samu ne saboda an riga an share fage: manhajojin Mac da suka rage duk bit 64 ne, kayan aikin babbar manhajar kuma kashi ɗaya ne. A ma'aunin injiniya hukuncin 2019 ya biya kuɗinsa. Sai dai waɗanda suka biya ba su ne suka ci ribar ba, kuma sabuwar furosesar ta rufe mafita ta uku, domin Parallels da VMware a kan M1 ba sa kunna macOS da aka gina don Intel, Mojave kuma ba ta da wani nau'i sai na Intel. Akantan da ya tsira da taga ɗaya a 2019 ya sake komawa neman tsohuwar na'ura.

A taron Yunin 2025 Apple ya sanar cewa macOS 26 Tahoe ce ta ƙarshe da za ta hau Mac mai Intel, kuma Rosetta 2 za ta ci gaba da cikakken aiki ne har zuwa macOS 27, bayan haka sai wani yanki nata da za a bari saboda tsofaffin wasannin da babu mai kula da su. Manhajojin da aka sha wahalar mayarwa bit 64 don su tsallake Catalina, amma ba a sake gina su don sabuwar furosesar ba, su ne ke kan layi yanzu. Mai Mac da ke son sanin matsayinsa yana iya buɗe bayanan tsarin kwamfutarsa ya duba jerin manhajoji, inda a da ake neman kalmar da ke nuna bit 64, yanzu kuma ake duba waɗanda aka rubuta wa Intel a gabansu.